Ruwan da Maƙwabta Suka Mayar

Mun koma Tudun Wada bayan na ajiye aikin rediyo. Maigidana ya riga ni ajiye nasa na malamin gona, ya gyara gidan mahaifinsa, ya haƙa rijiyar burtsatse mai aiki da sola, ya zauna jirana. Ba mu daɗe da tarewa ba ciwo ya same shi. Wata safiya yana ɓalla maɓallin riga, yatsun hagu suka ƙi kamawa. Kafin azahar muna asibiti a Kano, aka ce shanyewar ɓarin jiki ce, mai sauƙi in an kwatanta da ta wasu. Bakinsa bai karkace ba, hankalinsa bai taɓu ba. Hannu da ƙafar hagu ne suka yi nauyi, ƙafar ya koma jan ta a ƙasa.

Likitar da ke motsa masa gaɓoɓi ta yi mini bayani a tsaye a bakin ƙofa, irin bayanin da nake so, gajere ba kwana-kwana. Ta ce watannin farko su ne kasuwar ƙafar nan. Abin da ta koya a cikinsu shi za ta riƙe, in kuwa aka bari ta sandare, to sai sanda, daga baya keke. Ta ce a ƙasa tsoron faɗuwa yake hana shi sakin nauyinsa a kanta, amma a cikin ruwan da ya kai ƙirji nauyin mutum raguwa yake yi, faɗuwa kuma ba ta da zafi. Ta ƙara da cewa ruwan ya zama garau, domin ba ya jin ƙafar sosai, dole ya riƙa ganin inda yake ajiye ta. Da a Kano muke zaune, in ji ta, da ta tura mu wani otal mai wurin ninƙaya. Na ce mata ba a Kano muke zaune ba, kuma ko a Kano muke, mutumin da ke kwance a ɗakin can ba zai tuɓe riga a otal ba.

Babban ɗanmu ne ya samo mafita. Ya zo da tafkin roba a bayan motar ɗaukar kaya, a naɗe cikin kwalaye. Duk wanda ya san tankunan tampol da masu kiwon kifi ke kafawa ya san ɗan'uwansa, sai dai wannan ya fi faɗi, robarsa ta fi kauri, cikinsa kuma shuɗi ne. Ba a haƙa masa rami. A kan ƙasa yake zama, zagayayye, ƙarafa na riƙe da bakinsa, ga ɗan inji a gefe da ke zuƙo ruwan ta tiyo, ya bi da shi ta cikin mataci, ya mayar. Yaron ya haɗa, ya nuna mini, ya koma bakin aikinsa. Sauran ya zama nawa.

Tun wajen zaɓen wuri muka saɓa da Malam, maigidan nawa. Daga kan kujerarsa ya nuna gindin darbejiya, domin tun da aka haife shi bai ga an ajiye ruwa a rana ba. Randa a inuwa take zama, tulu ma haka. Na ce wannan ruwan ba na sha ba ne, ɗumi ake so ya yi, kuma darbejiya ganye take zubarwa, tsuntsayen kanta ma ba su da kunya. Aka kafa shi a fili. Sai kuma ƙasar kanta. Kowace tsakar gida a ido a miƙe take, amma da gangan magabata suka karkatar da ita wajen makwarara don ruwan sama ya fita. Tafkin roba ba ya yafe wannan. In gefe ɗaya ya yi ƙasa, duk nauyin ruwan can zai koma, ƙarafan su lanƙwashe. Na sa aka sassare wajen tudun maimakon a cike wajen gangaren, saboda ƙasar ciko lotsawa take yi. Aka daɓe, aka zuba siminti siriri don gara, aka shimfiɗa tsohon kafet a kai. Magini ya yi matakalar bulo daga waje, mai walda ya yi ta ƙarfe mai faɗi daga ciki, da abin dafawa, aka sa wa ƙafafunta guntayen taya don kada su huda robar. Na kewaye wurin da zana. Rijiyarmu ba mai gaggawa ba ce, ta ɗauki kwanaki tana tsiyayawa kafin ruwa ya kai layin da aka zana a jikin bango. Matan unguwa suka leƙa suka sa masa suna randar Malam.

Aikin rediyo ya bar mini ɗabi'a ɗaya da ta yi amfani a nan: abin da ake yi kullum a kan lokacinsa ba ya zama babban aiki. Da gari ya yi haske nakan ɗauki raga mai doguwar sanda in kwashe abin da ya faɗa, ganye, fara, wani lokaci ƙadangaren da ya zo shan ruwa santsi ya kwashe shi. Sai in tsoma 'yar takardar gwaji in duba launin da ta juya. Launin ne ke gaya mini ko kulorin ya isa, da kuma ko ruwan ya karkata wajen tsami ko wajen kanwa. Inji sai rana ta ɗaga nake kunna shi. Kulorin da yamma nake zubawa, saboda rana cinye shi take yi, kuma ba na watsa shi haka nan. A bokiti nake narkar da shi in zagaya ina tsiyayawa, don in ya kwanta a ƙasa yana cin launin robar ya tsufar da ita. Mataci wani farin abu ne mai ninki-ninki, nakan zare shi in wanke da tiyo da zarar ƙarfin ruwan da ke dawowa ya ragu. Bango kuwa ina goge shi da burushi mai laushi tun kafin ya fara santsi, domin santsi shi ne sallamar gansakuka.

Man shafawa ya fi komai ba ni aiki. Mu mutane ne masu shafa mai, kuma duk wanda ya zo dubiya da nasa man yake zuwa, yana rantsuwa shi ya tayar da wani a garinsu. Man kaɗanya, man zafi, man shanu mai haɗi. Ban hana a shafa ba. Na dai ce sai bayan an fito daga ruwa, domin in aka shiga da shi yakan taso ya yi baƙin layi a jikin robar, ya toshe mataci. Da zafi ya fara, ƙudan zuma suka gano mu. Na ajiye musu kasko da ruwa da 'yan duwatsu can gindin katanga, suka koma can.

Ranar da Malam ya fara shiga, tare muka shiga, ni da doguwar riga da wando, na riƙe shi ta ƙugu. Ruwan ya kai masa ƙirji. A tafin hannuna na ji lokacin da ya saki nauyinsa a kan ƙafar hagu. Jikinsa ya ɗan yi rawa, sannan ya tsaya. Ya ɗaga ta, ya ajiye. Na ga yadda ya sunkuya yana kallon ƙafar ta cikin ruwa, kamar wanda ya hango ɗan'uwansa a tasha. Haka muka riƙa zagaya tafkin kowace hantsi, ina cewa ɗaga, ajiye, yana bi.

Sai dai zana ido take tarewa, ba ta tare kunne. Gidanmu kuma gidan shiga ne, tun da famfonmu ke ba rabin unguwa ruwa. Mata kan yi sallama su jera bokitansu, suna jin facal-facal a bayan zana da muryata ina ba da umarni. Cikinsu akwai wadda nake kira Yaya, 'yar kawun Malam, wato taubashiyarsa, ta girme shi da kaɗan, gidanta na jikin namu. Tun suna yara kowannensu ke cewa ɗayan bawansa ne, kuma ba a taɓa raba gardamar ba. Wata hantsi muna ciki sai muka ji ta.

“Salamu alaikum. Wa nake ji ana koya wa tatata a bayan zana? Haihuwa aka yi ba a gaya mini ba?”

Na ce, “Yaya, Malam ne ke motsa jiki.”

“Au, bawana ne? Kai, bawa! Da kana yaro sai an bi ka da tsumagiya kake wanka, yanzu da furfura ka zama agwagwa?”

Matan da ke layi suka yi dariya ƙasa-ƙasa. Da a da ne, da ya mayar mata da wadda ta fi tata zafi.  Ran nan sai na ji jikinsa ya yi tauri a hannuna, ya ce ya gaji, mu fita.

Daga nan uzuri ya fara. Yau mura, gobe baƙi za su zo daga Doguwa, jibi bai yi barci da kyau ba. In na matsa ya shiga, in na sassauta ya zauna. Mutum ne da ya shafe rayuwarsa a tsaye a gonakin mutane yana nuna musu yadda ake yi. Bai ƙi ciwon ba, ya karɓe shi a matsayin ƙaddara. Abin da ya kasa haɗiyewa shi ne a ji matarsa na riƙe da ƙugunsa tana ce masa ɗaga, ajiye.

Ana haka bazara ta kai ƙarshen zafinta. Rijiyoyin unguwa suka koma laka, layin famfonmu ya kai zaure, rijiyarmu kuma ta fara tari kafin rana ta take. Wata rana na tafi ta'aziyya garin Ƙofa, ban dawo ba sai bayan la'asar. Tun daga zaure kunnena ya gaya mini akwai matsala. Injin yana shaƙewa yana saki, kamar mai karatu da numfashi ya ƙare masa a tsakiyar jimla. Na tarar da zana a buɗe, ƙasa ta yi caɓi da sawun ƙafafu, ruwa ya sauka ƙasa da bakin tiyon da ke zuƙa. Iska injin yake sha. Na kashe shi kafin ya ƙone. Malam na zaune a gindin darbejiya, fuskarsa a sake, irin sakewar da ban gani ba tun da ya kwanta.

Na ce, “Malam, me ya sami ruwan?”

“Ni na ce su ɗiba.”

“Su wa?”

“Duk wadda ta zo. Famfo ya ɗauke tun hantsi, mata a tsaye da goyo cikin rana, ga ruwa fal a gabansu. In yi shiru? Na gaya musu ba na sha ba ne, a yi wanki, a yi wa yara wanka. Hajiya, a gidan nan ba a taɓa hana ruwa ba, kuma ba a kaina za a fara ba.”

“Gobe fa?”

“Gobe ma na ce su dawo.”

Duk abin da ya faɗa gaskiya ne, kuma nan ƙarfinsa yake. A ƙasarmu za a iya hana mutum gishiri a ce ya ƙare, a hana shi aron turmi a ce ana daka, amma ruwa ba a hana shi, balle wanda ido ke gani. Sai dai na shafe shekaru ina hira da mutanen da ke faɗin gaskiya ɗaya don su rufe wata da ita, na san sautin muryarsu. Malam ya sami hanyar da zai rabu da tafkin, mutuncinsa kuma ya ƙaru.

Matan suka dawo kamar yadda aka ce musu. Ruwa ya sauka zuwa ƙugu. Inji ba ya aiki, saboda haka ba a tacewa, kuma cikin zafin nan ba a daɗe ba ya fara kore daga gefe. Da na ce ya shiga, sai ya leƙa ya ce, “Ai kin gani, bai ma kai inda likita ta ce ba.” Da muka koma Kano ganin likitar, ta kama tafin ƙafarsa ta lanƙwasa, ta sake lanƙwasawa, sannan ta kalle ni. Ta ce idon sawun ya fara tauri. 

Na auna abin da zan iya yi. In ɗaure zana in ce an daina, na ƙaryata maigida a gaban unguwa, kuma na zama matar birnin da ta zo ta hana ruwa. In yi gardama da shi, shi ke da hujjar da ta fi kyau a baki. Abin da ya rage shi ne abin da na iya, wato in kai labari daidai yadda yake ga wanda ya kamata ya ji. Na saka mayafi na shiga gidan Yaya. Na same ta tana ɓarar gyaɗar iri. Muka gaisa, ta tambayi mai jiki, na tambayi jikokinta.

Na ce, “Yaya, magana na zo da ita, kuma ba ƙorafi ba ce.”

“'Yar birni, ku ai ko gaisuwarku kamar kanun labarai take. Zauna mana.”

Na zauna na gaya mata abin da likita ta faɗa tun farko, da abin da ta faɗa yanzu. Na ce ruwan sai ya kai ƙirji yake ɗauke masa nauyi, sai ya yi garau yake ganin ƙafarsa, kuma watannin da ƙafar ke koyo ba su da yawa. Na ce, “Ba hana ruwa na zo yi ba. Maigida ya bayar, ya bayu. So nake ki san abin da ake ɗiba.”

Hannunta ya tsaya a cikin ƙwarya. “Wato ba shaƙatawa yake yi ba.”

“Magani ne, Yaya.”

“Ni kuma na yi masa dariya.”

“Taki ya saba da ita. Ta sauran ce bai saba da ita ba.”

Ta yi tsaki. “Ja'iri. Ya sami ƙofar gudu ya sa mata suna sadaka. Tun yana yaro haka yake, in an ba shi magani mai ɗaci sai ya tuna yana da ƙane. Tashi ki tafi, na ji.”

Na ɗauka iyakar abin da zai faru shi ne bokitai su daina zuwa bakin tafkin, in ci gaba da ciko kaɗan-kaɗan daga rijiya. Washegari da safe ina riƙe da raga sai na ji sallama, ba ta mutum ɗaya ba. Mata ne a jere, Yaya a gaba da ɗan tulu a ka, na bayanta da bokitai da jarkoki da garwa, ƙafafunsu duk yashi. Daga rafi suke, can inda ake tone yashi a zauna jiran ruwa ya tsattsafo, tafiyar da ba a yin ta sai dole. A wurinmu kwano ba ya komawa gidansu fayau, abin da kuma aka ɗauka daga hannun marar lafiya bisa rashin sani mayar da shi ake yi. Ban yi tunanin wannan ba, da yake ni lissafin ruwa kawai nake yi.

Kafin in ajiye ragar, Yaya ta hau matakala ta juye tulunta. Jan gajimare ya bazu a cikin ruwan. Na san abin da ke ciki: laka, ƙwan kwaɗi, irin gansakuka, da duk abin da shanun da ke sha a rafin suka bari. Kalmar tsaya ta zo har bakin harshena. Na dubi layin, na ga mai jego, na ga tsohuwar da ke sayar da daddawa, na ga amaryar da ko famfo ta zo ba ta ɗaga ido. Ruwan da ya gurɓace na san yadda ake gyara shi. Matar da ta ɗauko ruwa a ka daga rafi aka ce mata nata bai yi ba, ban san abin da ake zuba mata ta kwanta ba. Na haɗiye kalmar. Na shiga ɗaki na ɗauko farin mayafi, na ɗaura shi a bakin babbar rariya, na riƙe a gefen tafkin, na ce su riƙa zubawa ta ciki. Aƙalla kwaɗin su tsaya a waje.

Hayaniyar ce ta fito da Malam. Ya tsaya a ƙofar ɗaki, ya dogara da sanda.

Yaya ta ce, “Ga shi nan, bawa. Ka ba mu, mun mayar. Wannan ma ya fi naka, na rafi ne, ya san ƙasa.”

Ya ce, “Wa ya sa ku? Ni kyauta na ba ku.”

“Mu ma kyauta muka ba ka. Hana mu mu gani.”

“Ke, ruwan da za ku sha ne fa kuke zubarwa.”

“Wa ya ce zubarwa muke? A ƙafarka muke zubawa. Wuyana ya sage tun daga rafi, kuma ba ka da abin biyana sai ita. Ka ga yarinyar can? Ko arba'in ba ta yi ba, na ce ta zauna ta ƙi. Sai ka gaya mata mura kake yi.”

Ya dubi matan ɗaya bayan ɗaya. Babu wadda ta yi dariya. Kowace ta durƙusa ta ce, “Malam, ya jiki?” ta hau ta juye nata ta sauko. Ya sunkuyar da kai ya ce Allah Ya saka da alheri, da muryar da sai wanda ke kusa zai ji, ya juya ya koma ciki.

Safiya bayan safiya suka yi ta zuwa har ruwa ya koma kan layinsa. Launinsa kamar kunun tsamiya, in ka tsoma hannu zuwa gwiwa ba ka ganin yatsunka. Na yi wa matan godiya gida-gida, na ce ya cika, kada a ƙara. Sannan na fuskanci aikina.

Na fara da kulorin mai yawa, fiye da na kullum nesa ba kusa ba, don ya kashe duk abin da ke da rai a ciki. Na bar inji yana juyawa muddin akwai rana, ina zare mataci ina wankewa, yana fitowa ja kamar an tsoma shi a miyar taushe. Da koren ya mutu ya koma toka-toka, na jiƙa alif, farin dutsen nan da ake sa wa ruwan randa ya kwanta, na zagaya na tsiyaya, na bar inji ya gauraya shi kaɗan, sannan na kashe. Daga nan aikin haƙuri ne, ba a taɓawa, ba a motsawa. Da laka ta sauka ta kwanta a ƙasa kamar bargo, na ɗaura tiyo a jikin sanda, na cika shi da ruwa, na jefa bakinsa ɗaya waje ƙasa da tafkin, ya riƙa zuƙa da kansa. A hankali nake jan ɗaya bakin a kan lakar, domin in aka yi garaje tashi take yi, a koma farko. Abin da ya fita na kai shi gindin mangwaro. Alif yana ja wa ruwa tsami, saboda haka na riƙa gwadawa ina gyarawa da wani garin magani da ɗanmu ya kawo don haka. Sau ɗaya bai isa ba, sai da na maimaita.

A kwanakin nan Malam ya dawo da kujerarsa bakin zana. Da na fito da takardar gwaji sai ya miƙo wuya.

“Yau ya kwanta?”

“Da saura.”

“Ni ina ganin ƙasa-ƙasa fa.”

“Ni ba na gani. Kulorin ma bai sauka ba, zai ci maka fata.”

“Hajiya, mutanen nan kullum sai sun tambaye ni ko na shiga. Me zan ce musu?”

“Ka ce musu matarka ce ta hana.”

Don kada rijiya ta rabu biyu tsakanin tafki da unguwa, na sayi babban tampol na riƙa rufe shi da zarar an gama, domin a bazara rana ta fi kowa ɗiba. Ciko kuma ɗan abin da rijiya ta tara kafin a buɗe ƙofa ne, sauran yinin famfo na mata ne.

Safiyar da na jefa cokali na gan shi kwance a ƙasa sarai, takarda kuma ta ba da launin da nake jira, na ce wa Malam bismilla. Ya riga ni zuwa matakala. Muna cikin zagayawa aka yi sallama, bokitai suka fara ƙara a bakin famfo. Na rage murya. Ya ce in faɗa da ƙarfi, ba ya ji. Daga bayan zana wata ta ce, “Malam, ya jiki?” Ya ce, “Alhamdu lillahi, ga ni cikin ruwanku.” Yaya kuwa ta mayar da zuwa dubawa aikinta. Takan tsaya daga waje ta ce ta zo ganin ko bawa yana cin amanar tulunta, shi kuma ya ce tulun da ko akuya ba zai ƙosar ba ake yi wa wannan gori.

Bai sake fashi ba, ko ranar da murar gaske ta kama shi sai da na hana. Na daina riƙe ƙugunsa, ya koma dafa bakin ƙarfe, daga baya ya saki. Da damina ta sauka aikin ya sake salo, domin ruwan sama yana tsinka kulorin, iska kuma tana kawo ganye da ƙasa, amma wannan duk cikin abin da na sani ne. Hannun bai dawo duka ba, har yau ba ya ɗaukar kofi a cike. Ƙafar ce ta ji kira.

Wata la'asar ina tsugune ina wanke mataci, na ji kiran salla, na ɗauka yana zaure zai yi tasa a zaune kamar yadda ya saba tun da ya kwanta. Sai muryar Yaya ta tsallako katanga.

“'Yar birni! Ki ja wa mijinki kunne. Ya wuce ta ƙofar gidana zai tafi masallaci, ko sannu bai ce mini ba.”

Na ce, “Wa ya kai shi?”

“Wa zai kai shi? Shi kaɗai, yana tafe yana kallon ƙasa kamar wanda ya yar da allura. Na yi masa magana ya ɗaga mini hannu wai kada in ruɗa shi. Ni zai ɗaga wa hannu?”

Na leƙa zaure. Sandar na jingine a bango. Na koma na ƙarasa wankin matacin na mayar da shi, domin gobe da hantsi ma zai shiga.